Barorin Gidajen Ingila da Masu Ba da Labarinsu

A ƙidayar jama'a da aka yi a Ingila da Wales a shekarar 1891, an samu mata fiye da miliyan 1 da dubu 300 da ke aikatau a gidajen mutane, can suke kwana can suke tashi, ban da maza wajen dubu 58 masu irin wannan aiki. Babu wata sana'a a ƙasar, ko masaƙa ko ɗinki ko noma, da ta kwashi mata masu yawan haka a wancan zamani, domin kusan kashi ɗaya cikin uku na matan da ke aikin albashi 'yan aikin gida ne. Su ne suka hura wutar da aka ji ɗuminta aka zauna aka rubuta littattafan da ake karantarwa a jami'o'in duniya a yau, su suka ɗebo ruwan wanka suka hau bene da shi, su kuma suka reni yaran da suka girma suka zama alƙalai da gwamnoni da razdanoni. Amma idan mutum ya shiga waɗannan littattafai yana neman muryarsu, abin da zai samu bai taka kara ya karya ba. Ra'ayina shi ne, mafi yawan abin da duniya ta sani game da waɗannan bayin Allah daga bakin iyayen gidansu ya fito, kuma shaidar ubangida a kan baransa, ko da ubangidan mutumin kirki ne kuma gwanin alƙalami, ba ta isa a yanke hukunci da ita ba.

Hoton da ya fi zama a idon mutane yanzu shi ne na shirin talabijin ɗin nan mai suna Downton Abbey, wanda aka nuna daga 2010 zuwa 2015: katafaren gida, shugaban barori cikin baƙar kwat, kuku da 'yan taimakonta, kowa da matsayinsa, kowa da kujerarsa a teburin cin abincin barori, ga maigida mai tausayi wanda ya san damuwar kowa. Irin waɗannan gidaje sun wanzu, amma ƙalilan ne. Mafi yawan 'yan aiki a gidajen masu matsakaicin hali suka ƙare ƙuruciyarsu, gidan mai kanti ko akawu ko likitan unguwa, inda yarinya ɗaya tilo ita ce kuku, ita ce mai shara, ita ce mai wanki, ita ce mai reno. Isabella Beeton, wadda littafinta na tafiyar da gida ya fito a 1861 ya kuma zama jagoran matan aure na tsawon zamani, ta lissafa cewa iyalin da ke samun fam 150 zuwa 200 a shekara za su iya ajiye irin wannan yarinya, a kan albashin fam 9 zuwa 14 a shekara. Ita kanta Beeton, wadda don iyayen gida ta yi rubutunta, ta yarda cewa wannan yarinya abar tausayi ce, saboda rayuwarta ta kaɗaici ce kuma a wasu gidajen aikinta ba ya ƙarewa.

Da za a tambaye ni rubutu ɗaya da ya kamata a ajiye kusa da manyan ƙagaggun labaran Ingila, sai in ce kundin da Hannah Cullwick ta riƙa rubuta ayyukanta na yau da kullum a ciki. An haife ta a 1833 a garin Shifnal da ke lardin Shropshire, ta fara aikatau tana da shekara 8. Ga abin da ta rubuta cewa ta yi a wata ranar Asabar ta watan Yulin 1860: ta buɗe tagogi, ta hura wutar kicin, ta share ɗakuna ta goge ƙura, ta kai abincin safe sama, ta goge takalma, ta gyara gadaje, ta zubar da fitsarin da aka kwana da shi a ɗakuna, ta wanke kwanoni da wuƙaƙe, ta dafa abinci, ta durƙusa bisa gwiwoyinta ta wanke matakalar ƙofar gida da daɓen bakin titi, ta kai wa wata mata saƙo, ta dawo ta sake durƙusawa ta wanke makewayi da daɓen wurin wanke-wanke, har kare sai da ta yi masa wanka kafin ta kwanta. Babu kuka a cikin rubutun, babu neman a tausaya mata, jerin ayyuka ne kawai ɗaya bayan ɗaya, kuma a nan ƙarfinsa yake. Mai karatu zai ji nauyin bokitin kwal a hannunsa, abin da ban taɓa ji ba a cikin wani ƙagaggen labari na wancan ƙarni.

Sai dai ko wannan rubutu bai tsira daga idon ubangida ba. Wani lauya marubucin waƙoƙi mai suna Arthur Munby, wanda ya haɗu da ita a Landan a 1854, shi ya nemi ta riƙa rubuta masa, domin yana da wata irin sha'awa ta ganin mata cikin dauɗar aikin ƙarfi, ita kuma ta san abin da yake son karantawa. Sun yi aure a ɓoye a 1873, amma ta ƙi yarda ta rikiɗe ta zama uwar gida mai safar hannu, ta ci gaba da aikinta da karɓar albashinta, domin a ganinta wannan ne 'yancin da take da shi. Takardun nasu sun zauna a kulle a kwalejin Trinity da ke Cambridge har 1950, kundin nata kuwa bai fito a matsayin littafi ba sai 1984, shekara 75 bayan rasuwarta. Wato 'yar aikin da ta fi kowa barin cikakken bayanin rayuwarta, da umarnin wani mai hali ta rubuta, a cikin akwatinsa kuma aka same shi.

Ɓoye barori daga ido ba tsautsayi ba ne, da gangan aka gina shi cikin bango. Wani masanin gine-gine, Robert Kerr, ya faɗa ƙarara a littafinsa na 1864 cewa iyalin gida al'umma ɗaya ne, barori kuma wata al'ummar daban, kuma ya kamata kowane ɓangare ya iya rufe ƙofarsa ga ɗayan. Saboda haka aka yi matakala ta baya, ƙuntatacciya, wadda 'yar aiki za ta bi da ruwa da toka ba tare da an yi kiciɓis da ita ba. Aka kai kicin ƙarƙashin ƙasa, aka kai ɗakin kwananta can ƙarƙashin rufi inda sanyi ya fi tsanani. Aka jera ƙararrawa a bango, kowace da igiyarta zuwa wani ɗaki, don a kira ta ba tare da an buɗe baki ba. A gidan Uppark da ke Sussex, inda mahaifiyar marubuci H. G. Wells ta riƙe makullan gida daga 1880 zuwa 1893, ta hanyoyin ƙarƙashin ƙasa ake bi da abinci zuwa babban gida. A wasu manyan gidaje, idan 'yar aiki ta haɗu da maigida a hanya, sai ta juya fuskarta ga bango har ya wuce. A gidaje da dama ko sunanta ba a bar mata ba, domin idan uwar gida ta ga sunan ya yi wa 'yar talaka girma, sai ta raɗa mata wani mai sauƙin kira.

Adabin ya gaji wannan gini kamar yadda yake. A cikin Pride and Prejudice na Jane Austen, wanda ya fito a 1813, abinci yana bayyana a tebur, wuta tana ci a murhu, wasiƙa tana isowa, amma da ƙyar ake ganin hannun da ya yi. Inda aka bar wata baranya ta yi dogon jawabi, wato dattijuwar da ke riƙe da gidan Darcy, attajirin da ke neman auren Elizabeth, tauraruwar labarin, to yabon ubangidanta ta yi, kuma wannan yabo ne ya taimaka wajen sauya zuciyar Elizabeth a kansa. An saurare ta ne saboda maganarta ta yi wa auren manya amfani. Sai bayan shekara 200, a 2013, Jo Baker ta sake ba da labarin daga ɓangaren masu aikin gidan a littafinta Longbourn, ta kuma fara da ranar wanki, don mai karatu ya tuna cewa taɓon da Elizabeth ta kwaso a gefen tufarta lokacin da ta taka zuwa duba 'yar'uwarta, wanda masu karatu suka daɗe suna yabawa a matsayin alamar 'yancin kai, wata ce ta wanke shi da hannuwa masu tsagewa. A Wuthering Heights na Emily Brontë kuwa, na 1847, 'yar aiki Nelly Dean ce ke ba da mafi yawan labarin, amma labarin na iyayen gidanta ne, nata ba a tambaya ba.

Littafin da ya fi damuna shi ne Pamela na Samuel Richardson, na 1740, wanda ake lissafawa cikin tushen ƙagaggun labarai na Ingilishi. A nan kam 'yar aiki ce tauraruwa, yarinya mai shekara 15, kuma ta hanyar wasiƙunta ake jin labarin. Ubangidanta ya neme ta da lalata ta ƙi, ya sa aka sace ta aka tsare a wani gidansa da ke Lincolnshire, ya yi yunƙurin yi mata fin ƙarfi, ta jure, daga ƙarshe ya aure ta, marubucin kuma ya kira wannan sakamakon kamun kai. Mutanen zamanin sun yi ta tafi da murna. Henry Fielding ya mayar da martani a 1741 da wani ɗan littafi da ya nuna yarinyar a matsayin makira mai farautar miji da dukiya. To ga zaɓi biyu da manyan marubuta biyu suka bai wa 'yar aiki: ko dai ta zama waliyyiyar da ladarta shi ne auren wanda ya zalunce ta, ko kuma ta zama mayaudariya. Babu wanda ya kawo zaɓi na uku, wato a hukunta mutumin, ita kuma ta tafi da albashinta da mutuncinta.

A zahiri ba aure ne ke biyo baya ba, kora ce. Rayuwar 'yar aiki gaba ɗaya a rataye take a jikin takardar shaidar hali da uwar gida ke bayarwa idan za a rabu, domin babu gidan mutunci da zai ɗauki wadda ba ta da ita. Doka ba ta tilasta wa uwar gida ba da wannan takarda ba, amma wata doka ta 1792 ta mayar da ƙirƙirar ta jabu laifi. Haka nan gidaje da yawa sun haramta wa 'yar aiki yin saurayi, alhali ƙofar ɗakinta ba ta da kariya daga maigida ko ɗansa ko wani bara namiji. Idan ciki ya bayyana, a ranar za ta bar gidan ba takarda, kuma takardun roƙon da iyaye mata suka riƙa kaiwa gidan renon jarirai na Foundling a Landan, wanda Thomas Coram ya kafa a 1739, cike suke da labaran 'yan aiki irin wannan. Sai a 1894 George Moore ya kalli lamarin ido da ido a Esther Waters, labarin 'yar aikin kicin da wani bara ya yi wa ciki ya gudu. Bayan ta haihu sai ta shiga aikin shayar da jaririn wata mai kuɗi, nata jaririn kuma ta bar shi wurin wata mai karɓar reno, wadda ta yi mata tayin cewa idan ta ba da fam 5 za a raba ta da nauyin yaron har abada. Esther ta ɗauke ɗanta ta fita. Shekara 154 ke tsakanin Pamela da wannan littafi.

A gefe guda kuma, ƙorafin iyayen gida bai taɓa yankewa ba, kuma manyan marubuta ne suka riƙe masa alƙalami. Daniel Defoe ya fitar da wata ƙasida a 1725 yana kukan cewa 'yan aiki sun tsauwala albashi, suna ado har ba a bambanta su da uwar gida, kuma da an yi musu faɗa sai su tattara kayansu. Jonathan Swift ya bar wani littafi na shaguɓe, wanda aka buga a 1745, inda ya jera hanyoyin ha'inci da ƙazanta da yake zargin barori da su. Kusan shekara 200 aka yi ana maimaita wannan kuka a jaridu da mujallu. Ni idan na karanta shi, abin da nake gani a bayansa daban ne, wato mutanen da ba su da ƙungiya, ba su da ƙuri'a, ba su da kotun da za ta saurare su cikin sauƙi, suna amfani da makami ɗaya da ya rage musu, shi ne barin gida zuwa wani gidan.

Charles Dickens ya cancanci a ware shi, wataƙila saboda kakanninsa na wajen uba barori ne a gidan iyalin Crewe. Gaskiya ne ya ƙirƙiri amintattun barori masu ban dariya da daɗin zama, irin su Sam Weller da Peggotty, waɗanda ba su da wani buri da ya wuce jin daɗin iyayen gidansu. Amma shi ne kuma ya kawo ƙaramar 'yar aikin nan ta The Old Curiosity Shop, wadda ake kullewa a kicin na ƙarƙashin ƙasa, ba ta san sunanta ba, ba ta san shekarunta ba, ana auna mata sanyayyen dankali da ɗan yankin nama da bai kai loma ba, tana jiƙa ɓawon lemo a ruwa tana sha a madadin abin marmari. Wanda ya ce Dickens ya yi ƙari, to ya duba shari'ar Jane Wilbred, yarinyar da aka ɗauko daga gidan gajiyayyu aka kai aikatau gidan wani masanin shari'a a Landan, shi da matarsa suka riƙa dukanta suna hana ta abinci har ta kusa mutuwa. An ɗaure su shekara 2 a 1851, kuma a shekarar majalisa ta yi dokar da ta wajabta wa iyayen gida ciyar da yaran da ke hannunsu da tufatar da su, ta kuma sa jami'ai su riƙa kai ziyara ga waɗanda aka ɗauko daga gidajen gajiyayyu. Abin lura shi ne, ita ma yarinyar Dickens aure ne ya cece ta a ƙarshen labari.

Akwai hujjar da masu kare wancan tsari ke kawowa, kuma ba ta banza ba ce. Suna cewa aikatau ya ba 'yar ƙauye abinci da makwanci a lokacin da gidan ubanta ba shi da su, ya koya mata girki da ɗinki, ya ba ta damar tara ɗan abin aure, kuma tun kafin zamanin masana'antu yawancin matasan Ingila sukan yi 'yan shekaru suna aiki a gidan wani kafin su kafa nasu. Suna cewa an yi ƙauna ta gaskiya tsakanin wasu barori da iyayen gidansu. Na yarda da duk wannan. Samuel Johnson, mai ƙamus, ya bar mafi yawan abin da ya mallaka ga baransa Francis Barber, wanda aka haifa cikin bauta a Jamaika. Winston Churchill, wanda daga baya ya zama firaministan Birtaniya, ya so mai renonsa Elizabeth Everest so na haƙiƙa, yana gefen gadonta a kwanakinta na ƙarshe a 1895, ya kuma sa hannu wajen kafa dutsen kabarinta. Amma shekara 2 kafin nan iyalinsa sun sallame ta bayan ta yi musu hidima kusan shekara 20, shi kuma yana saurayi ya rubuta wa mahaifiyarsa yana nuna baƙin cikinsa, bai hana komai ba. Ƙaunar ta gaskiya ce, sai dai ba ta zama haƙƙin da matar za ta iya tsayawa a kai ba, kuma tsufan mutum bai kamata ya dogara ga ko an yi sa'ar ubangida mai tunawa da alheri ba.

Doka ma ta fi kallon bara a matsayin kayan gidan wani. A 1777 gwamnati ta sa harajin fam 1 da sule 1 a kan kowane bara namiji don samun kuɗin yaƙi da Amurka, harajin da bai gushe ba sai 1937. Da aka faɗaɗa 'yancin zaɓe a 1884 an bar barorin da ke kwana a gidan iyayen gidansu a waje, mafi yawan 'yan aiki mata kuma sai 1928 suka samu ƙuri'a. A 1911, da Lloyd George, ministan kuɗi na lokacin, ya kawo inshorar lafiya wadda za ta sa uwar gida ta biya taro a mako, 'yar aiki ma ta biya taro, a manna kan sarki a kati, sai dubban mata suka cika zauren Albert Hall a Landan suna adawa, har da wasu 'yan aikin da ke tsoron a rage musu ɗan abin da suke samu. Dokar ta wuce duk da haka, amma inshorar rashin aiki ta 1920 ta tsallake 'yan aikin gida.

Hujjar da ta fi ƙarfi a wurina ita ce abin da 'yan aikin suka yi da ƙafafunsu ranar da wata ƙofa ta buɗe. A lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, mata wajen dubu 400 suka bar aikatau suka shiga masana'antun makamai da ofisoshi da motocin haya, aikin da wani sa'in ya fi haɗari, amma yana da lokacin tashi, kuma da an tashi mutum na kansa ne. Bayan yaƙi gwamnati ta kafa kwamitoci don gano dalilin da ya sa ba sa son komawa, har aka riƙa yanke wa mace tallafin rashin aiki idan ta ƙi karɓar aikin gida. Yawansu ya sake hawa a ƙidayar 1931, lokacin da tattalin arziki ya karye masana'antu suka rufe, sannan ya faɗi warwas bayan Yaƙin Duniya na Biyu. Ma'anar wannan a fili take: yunwa ce ke cika kicin ɗin, da ta sassauta kuma sai ya zama wayam.

A tsakiyar wannan sauyi marubuciya Virginia Woolf ta rayu, kuma labarinta ya fi na kowa nuna zurfin matsalar, domin ita ba mai ra'ayin riƙau ba ce. Ita ce ta rubuta a 1929 cewa mace ba za ta iya zama marubuciya ba sai tana da fam 500 a shekara da ɗaki nata na kanta, ita ce kuma ta lura a wata maƙala ta 1924 cewa kukun zamani ta fito daga ƙarƙashin ƙasa tana shiga falo aron jarida. Duk da haka kundinta cike yake da ɗacin rai game da Nellie Boxall, kukun da ta zauna da ita daga 1916 zuwa 1934: faɗa, shiri, barazanar tafiya, niyyar kora da ake fasawa, da kalmomin raini da ba su dace da mai irin basirarta ba. A wata rigima Nellie ta ce mata ta fice mata daga ɗaki, abin ya tsaya wa Woolf a rai ƙwarai. Ban kawo wannan don in rage darajar littattafanta ba, na kawo shi ne don ya nuna cewa ilimi da kyakkyawar niyya ba sa warware dangantakar da aka gina bisa ikon mutum ɗaya a kan lokacin wani, dare da rana, a ƙarƙashin rufi ɗaya. Ɓangaren Woolf ya cika mujalladai. Na Nellie kuwa, abin da ya fi fitowa fili shi ne 'yar hirar da gidan rediyon BBC ya yi da ita a 1956, ita ma a kan uwar gidanta aka yi ta, sai kuma abin da Alison Light ta tono a bincikenta na 2007.

Hausawa sun ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, kuma an ga haka a 1968 da Margaret Powell ta fitar da Below Stairs. Ta ci jarrabawar shiga babbar makaranta tana da shekara 13, amma iyayenta ba su da halin barinta ta ci gaba, ta shiga aikin kicin tana da 15. Ta ba da labarin yadda ake sa ta zare igiyoyin takalman iyayen gida ta yi musu guga, da ranar da ta miƙa wa uwar gida jarida da hannunta aka tsawata mata cewa kada ta ƙara miƙa komai sai a kan farantin azurfa. Abin da ya fi ƙona mata rai ba yawan aikin ba ne, a'a, yadda aka ɗauke ta kamar wata halitta daban. Littafin nan yana cikin abubuwan da suka haifar da shirye-shiryen talabijin na gidajen manya, amma fushin da ke cikinsa bai kai ga allo ba sai kaɗan. Cikin ƙagaggun labarai, The Remains of the Day na Kazuo Ishiguro, na 1989, shi ne ya bi amincin da aka daɗe ana yabo har ƙarshensa: shugaban barori Stevens yana hidimar baƙi a ƙasa mahaifinsa yana cikawa a sama, ya kori 'yan aiki biyu Yahudawa saboda ubangidansa ya ce a kora, sai da tsufa ya zo ya gane cewa ko kurakuran rayuwarsa ba shi ya zaɓe su ba.

Wannan tarihi ya taɓo mu kai tsaye, domin jami'an mulkin mallaka sun zo da tsarin gidajensu Lakwaja da Zungeru da Kaduna, da kuku da boyi da ƙaramin boyi, da jerin ƙananan ɗakuna a bayan gida waɗanda har gobe ake ginawa a unguwannin masu hali. Ba su ne suka koya mana ajiye barori ba, muna da namu tun kafin zuwansu, saboda haka ba ni da niyyar ɗora musu abin da yake namu. Abin da nake so mai karatu ya riƙe shi ne, duk lokacin da aka ce da yarinyar da aka kawo daga ƙauye "ai 'yar gida ce", a tambaya ko tana zuwa makarantar da 'ya'yan gidan ke zuwa, ko albashinta hannunta yake shiga, ko kuma tana da ranar hutu.

Ingila ma ba ta rabu da wannan magana ba. Dokar mafi ƙarancin albashi ta 1999 ta keɓe ma'aikacin da ke zaune a gida idan ana ɗaukarsa kamar ɗan gida, kuma da wannan kafa aka riƙa hana mata baƙi haƙƙinsu har sai da aka toshe ta a watan Afrilun 2024. A 2011, da Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya ta amince da yarjejeniya mai lamba 189 kan haƙƙin 'yan aikin gida, gwamnatin Birtaniya ta ƙaurace wa ƙuri'ar. A 2014 Kotun Ƙolin ƙasar ta saurari ƙarar wata yarinya da aka kai daga Najeriya a 2007 tana da shekara wajen 14, da alkawarin makaranta da fam 50 a wata, ba ta ga ko ɗaya ba, aka yi ta dukanta sannan aka jefa ta waje. Kotun ta ce shigarta ƙasar ba bisa ƙa'ida ba bai hana ta neman haƙƙinta kan wariyar da aka nuna mata wajen korar ba. A 2012 kuma an ɗaure bizar 'yan aikin da ake shigowa da su daga waje ga ubangidan da ya kawo su, ta yadda wadda ta gudu daga duka ta zama mai laifin zama ba izini. Gyaran da aka yi a 2016 ya ba ta damar sauya gida, amma a cikin wata 6 na bizar kawai, kuma da wuya a samu iyalin da za su ɗauki 'yar aikin da saura mata wata biyu ta bar ƙasar.